Nagari Na Kowa: Fina-finan Koriyawa Mazauna Ƙetare Da Tambayar "Wane Ne Namu?"

A watan Nuwamban 2025 wani fim mai suna Kokuho ya karya tarihin da aka kafa tun 2003 a Japan, inda ya zama fim ɗin cikin gida da ya fi kowanne tara kuɗi a gidajen sinimar ƙasar, idan aka cire fina-finan zane. Ma'anar sunan ita ce "taskar ƙasa", labarin kuma na kabuki ne, wato wasan kwaikwayon gargajiya na Japanawa wanda ɗa ke gada daga uba. Daraktan fim ɗin, Lee Sang-il, haifaffen Niigata ne a 1974, amma sunansa kaɗai ya isa ya shaida wa Japanawa cewa tsatson Koriya ne. A cikin wannan shekara ce kuma fim ɗin zane na KPop Demon Hunters ya zama wanda aka fi kallo a tarihin Netflix. Ɗaya daga cikin daraktocinsa biyu, Maggie Kang, a Seoul aka haife ta, a Toronto ta girma, kuma a watan Agusta sai ga ta zaune tare da shugaban Koriya ta Kudu, Lee Jae-myung, a wani shirin talabijin ana alfahari da ita.

Sai dai a cikin wannan shekara ta 2025, ranar 26 ga Maris, Hukumar Gaskiya da Sasantawa ta Koriya ta Kudu ta fitar da rahoton da ya ɗora wa gwamnati alhakin take haƙƙin yaran da aka riƙa fitarwa ƙasashen waje da sunan riƙo, har shugaban ƙasar ya ba da haƙuri a watan Oktoba. Duk wanda ya ajiye waɗannan labarai kusa da juna zai tuna karin maganar nan da ke cewa nagari na kowa, mugu sai mai shi. Ƙasar da ke tafa wa 'ya'yanta na ƙetare idan sun ɗauko lambar yabo ita ce dai ƙasar da ta kori waɗansunsu, ta manta da waɗansu, ta kuma ware waɗansu a bakin ƙofa. A ganina, amfanin fina-finai da zane-zanen waɗannan mutane shi ne sun ajiye lissafin wannan bashi tun kafin hukuma ta yarda akwai shi.

Ya kamata mai karatu ya fara sanin su wane ne ake magana a kansu. Alƙaluman gwamnatin Koriya ta Kudu sun nuna akwai kimanin mutum miliyan 7 masu asali da Koriya a wajen ƙasar, kuma a watan Yunin 2023 an kafa musu hukuma ta musamman. Kalmar da hukuma ke kiran su da ita ita ce dongpo, wadda ta ƙunshi gaɓoɓi biyu masu nufin "ɗaya" da "mahaifa". Bahaushe ba zai sha wahalar gane wannan ba, domin kalmarmu ta ɗan'uwa ma daga uwa ta samo asali. Akwai wata kalmar, gyopo, wadda ta fi karkata ga ma'anar baƙon da ke zaune a ƙasar wasu, kuma a bakin mutanen Seoul takan ɗauki ɗan ƙanshin raini ga wanda harshensa ya karye. Abin da ya fi wannan jan hankalin mai nazarin harshe shi ne waɗannan 'yan'uwa ba su ma haɗu a kan sunan uwar ba. Mutanen kudu suna kiran ƙasar Hanguk. Mutanen arewa da Koriyawan ƙasar Sin suna riƙe da tsohon suna Joseon. Waɗanda ke tsohuwar Tarayyar Sobiyet kuwa suna kiran kansu Koryo-saram, da sunan wata daula da ta shuɗe tun 1392. Kowane suna yana ɗauke da tarihin yadda masu shi suka fita da kuma wanda suka tarar a can.

Ma'aunin farko da duniya ta saba ɗauka don raba wannan gardama shi ne harshe, kuma babu inda gazawarsa ta fito fili kamar a kan fim ɗin Minari na 2020. Lee Isaac Chung, wanda ya rubuta ya kuma ba da umarni, an haife shi a Denver, ya tashi a ƙauyen jihar Arkansas. Kamfanonin Amurka ne suka zuba kuɗi, a Amurka aka ɗauki fim ɗin, labarin kuma na magidanci ne da ya gaji da aikin tantance jinsin 'yan tsaki ya sayi gona don ya zama mai kansa, wanda shi ne tsohon mafarkin Amurka tun kaka da kakanni. Amma da yake fiye da rabin maganganun cikinsa da Koriyanci ne, dokar masu ba da lambar Golden Globe ta hana shi shiga takarar gwarzon fim, aka tura shi rukunin harsunan waje, inda ya yi nasara a 2021. Masu suka sun tuna wa kwamitin cewa fim ɗin Inglourious Basterds na 2009, wanda ya cika da Jamusanci da Faransanci, bai gamu da wannan shinge ba. Surutun ya yi yawa har aka sauya dokar a cikin shekarar.

Mu a Nijeriya mun ɗanɗani wannan doka ta ɗaya gefen. A watan Nuwamban 2019 masu kyautar Oscar suka cire Lionheart na Genevieve Nnaji daga takarar fina-finan ƙasashen duniya saboda Turancinsa ya yi yawa. Ke nan fim ɗin Amurka ya zama baƙo a gida don ya yi magana da harshen da iyalin ke yi a ɗaki, fim ɗin Nijeriya kuma ya kasa zama namu don ya yi magana da harshen da mutanenmu ke yi a ofis. Bayan nan Nijeriya ta aika da The Milkmaid sannan daga baya Mai Martaba, waɗanda Hausa ta rinjaya a cikinsu, abin da ya yi mana daɗi, amma bai gyara karkatar ma'aunin ba. Tushen kuskuren shi ne zaton cewa kowace ƙasa harshe ɗaya gare ta, kowane mutum kuma harshe ɗaya. A cikin Minari iyaye na magana da Koriyanci, yara na amsawa da Turanci ko su gauraya, kaka kuma na tsintar kalmomin Turanci tana murɗa su yadda ta ga dama. Wannan ita ce rayuwar gidan baƙi a ko'ina, kuma wanda ya zauna da agogo yana ƙirga mintocin kowane harshe bai fahimci abin da yake kallo ba. Wani abin lura a gefe: fim ɗin Chung na farko, Munyurangabo na 2007, a Ruwanda ya yi shi, da harshen Kinyarwanda wanda shi kansa ba ya ji. Da ma'aunin harshe za a bi, da sai a ce ɗan Ruwanda ne.

Masu shirya Pachinko, jerin fim ɗin da Apple TV+ ta fara nunawa a 2022 daga littafin Min Jin Lee, sun yi wata dabara da ta fi ta kwamitocin nan hikima. Fassarar da ke fitowa a ƙasan allo launi biyu ce: rawaya idan da Koriyanci ake magana, shuɗi idan da Japananci ne. Mai kallo a Kano ko Landan, wanda kunnensa ba zai bambanta harsunan biyu ba, yana gani da idonsa yadda jika ke fara jimla da harshen kakarsa ya ƙarasa ta da harshen waɗanda suka mallaki ƙasar kakar. Sauya harshe a tsakiyar zance abu ne da masana suka daɗe suna rubutu a kai, amma ba kasafai ake samun wanda ya mayar da shi abin gani ba.

Mutanen da Pachinko ke ba da labarinsu su ne ake kira Zainichi, kalmar Japananci mai nufin "mazauni a Japan", kamar dai baƙon da ake jiran ya tashi. Japan ta mallaki Koriya daga 1910 zuwa 1945, kuma a ƙarshen yaƙi akwai Koriyawa kimanin miliyan 2 a cikinta, da yawansu an kawo su aikin ma'adinai da masana'antu. Kimanin 600,000 suka zauna. A 1952 aka wayi gari an cire musu zama 'yan ƙasar Japan, har da waɗanda a can aka haife su. Da yawa suka ɗauki sunayen Japanawa don samun aiki da gidan haya. Daga 1959 zuwa 1984 kuma mutum kimanin 93,000 suka shiga jiragen ruwa daga tashar Niigata zuwa Koriya ta Arewa, bisa alƙawarin aljannar duniya, alhali mafi yawansu asalinsu daga kudu ne.

Babu wanda ya buɗe cikin wannan ciwo kamar Yang Yong-hi, haifaffiyar Osaka a 1964. Mahaifinta jigo ne a ƙungiyar Koriyawa masu goyon bayan Pyongyang, kuma a farkon shekarun 1970 ya aika da 'ya'yansa maza uku can, ba su sake dawowa zama ba. A Dear Pyongyang na 2005 ta juya kyamara kan uban tana tambayar sa, cikin raha da shagwaɓar 'ya, ko ya yi nadama. Sakamakon fim ɗin aka rufe mata ƙofar Koriya ta Arewa, wato aka raba ta da yayyenta. Sai a Soup and Ideology na 2021 aka gane dalilin da ya sa mahaifiyarta ta ƙi jinin gwamnatin kudu: tana budurwa ta tsira daga kisan da aka fara a tsibirin Jeju a 1948, wanda rahoton gwamnati ya ƙiyasta ya ci rai 25,000 zuwa 30,000. Uwar ta fara ba da labarin ne a daidai lokacin da ciwon mantuwa ya soma cinye tunaninta. Yawancin hirar da ke cikin waɗannan fina-finai da Japanancin Osaka ake yin ta. Kuma fim ɗinta na 2012, Our Homeland, Japan ce ta aika da shi takarar Oscar da sunanta.

Da wannan tarihi a zuciya ne mutum zai sake duban Kokuho. Babu Bakoriye ko ɗaya a tsakiyar labarin. Yaro ne ɗan shugaban 'yan daba wanda wani babban ɗan wasan kabuki ya ɗauka ya rena, ya fi ɗan gidan baiwa, amma kullum ana tuna masa cewa ba shi da jinin gidan. Ba na cikin masu son a mayar da kowane aiki tarihin rayuwar mai shi, domin hakan ma wani nau'in keji ne. Duk da haka, da wuya a ce tsautsayi ne ya sa wanda aka haifa a garin da jiragen nan suka riƙa tashi ya zama shi ne ya tsayar da Japanawa miliyoyi na tsawon kusan awa uku suna tunani a kan jini da gado.

Idan Zainichi suna fama da harsuna biyu, akwai waɗanda aka raba su da na farkon gaba ɗaya. Tun bayan yaƙin Koriya an fitar da yara kimanin 200,000 zuwa Amurka da Turai, kuma abin ya fi ƙamari ne a shekarun 1980, lokacin da tattalin arzikin ƙasar ke bunƙasa. A 1985 kaɗai an fitar da fiye da 8,000. Deann Borshay Liem tana da shekara 8 aka kai ta Kalifoniya a 1966 da sunan wata yarinya daban, Cha Jung Hee, aka ce marainiya ce. Ta manta Koriyanci, ta manta sunanta, sai da ta girma ta gano mahaifiyarta na raye. Ta ba da labarin a First Person Plural tun shekarar 2000, sannan a 2010 ta sake komawa neman ainihin mai sunan da aka liƙa mata. Abin da hukumar gwamnati ta tabbatar a 2025, wato rubuta yara masu iyaye a matsayin marayu, musanya sunan wani yaro da na wani, da rashin yardar iyaye, wannan mata ta nuna shi a allo shekara 25 kafin nan. Haka ma Jane Jin Kaisen, wadda aka haifa a Jeju a 1980 aka kai ta Denmark, ta gina aikinta na Community of Parting a kan tatsuniyar Bari, gimbiyar da iyayenta suka yar don ta zo mace. An nuna shi a rumfar Koriya a bikin baje kolin Venice na 2019, wato ƙasar da ta fitar da ita ce ta ɗauke ta wakiliya.

A wannan rukuni, fim ɗin da ya fi burge ni ta fuskar harshe shi ne Return to Seoul na 2022. Wata matashiya da aka rena a Faransa ta sadu da mahaifinta, babu harshen da ya haɗa su, sai ta hanyar tafinta. Tana faɗin magana mai zafi, masu fassara na sassauta ta don kada dattijo ya ji kunya, shi kuma yana roƙo da kuka, ita tana jin kamar ana danne ta. Mai kallo ne kaɗai ke jin ɓangarorin biyu. Daraktan, Davy Chou, Bafaranshe ne ɗan asalin Kambodiya, kuma Kambodiya ce ta aika da fim ɗin Oscar. Wanda ke son sanin ƙasar wannan fim sai ya zaɓa.

Ma'auni na biyu shi ne jini, kuma shi gwamnatin Seoul ta fi so a baki. Amma da aka zo rubuta doka a 1999 don bai wa Koriyawan ƙetare izinin zama da aiki, sai aka tsara ta yadda ta shafi waɗanda suka fita bayan kafuwar jamhuriya a 1948. Wannan ya shigo da na Amurka masu dala, ya bar na ƙasar Sin da na tsohuwar Sobiyet a waje, alhali su ne zuriyar waɗanda suka gudu daga mulkin mallaka, har da waɗanda suka yaƙe shi. Kotun tsarin mulki ta ce hakan bai dace ba a 2001, aka gyara a 2004, amma a 2007 aka buɗe musu wata biza daban ta aikin ƙarfi. Masana'antar fim ta Seoul ma ta ba da tata gudummawar. A The Yellow Sea na 2010, da The Outlaws da Midnight Runners na 2017, Bakoriyen Sin shi ne mai gatari da wuƙa, kuma karin harshensa na Yanbian shi ne alamar da ke sanar da mai kallo cewa mugu ya shigo. Mazauna unguwar Daerim a Seoul sun yi zanga-zanga a kan Midnight Runners, waɗansu suka kai ƙara, a 2020 kotu ta shawarci kamfanin ya ba da haƙuri. Wanda ke son ganin waɗannan mutane ta idon ɗan cikinsu sai ya nemi Dooman River na Zhang Lu, fim ɗin 2010 a kan yaran wani ƙauye a bakin kogin da ya raba Sin da Koriya ta Arewa, inda masu harshe ɗaya ke tsallako ƙanƙara da yunwa, mutanen ƙauye kuma na rasa yadda za su yi tsakanin tausayi da tsoro.

Na Sobiyet kuwa, Stalin ne ya kwashe su kimanin 172,000 a 1937 daga gabas mai nisa zuwa Kazakistan da Uzbekistan cikin taragun dabbobi. Nikolai Shin yana ɗan shekara 9 aka kwashe shi. Ya shafe shekaru a Tashkent yana zana Requiem, zane mai tsawon mita 44 cike da mutane marasa ido da hanci da baki, kuma a 1997 ya ba da shi kyauta ga gidan zane-zanen zamani na ƙasa a Koriya ta Kudu, shekara biyu kafin majalisar ƙasar ta rubuta dokar da ta manta da irinsa.

A fagen zane da sassaƙa, sunan da ya fi fita a yau shi ne Do Ho Suh, wanda gidan Tate Modern na Landan ya baje ayyukansa a 2025. A 1999 ya ɗinka kwafin gidan iyayensa na Seoul da siliki shara-shara, daidai girmansa, wanda ake iya naɗewa a sa a akwati. Sunan aikin ya fara da Seoul da Los Angeles, kuma duk garin da aka kai shi sai a ƙara sunan garin a jiki. Bahaushe ya ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Suh ya ƙi yarda, ya ɗauko gidan ya taho da shi. Aiki ne mai kyau ƙwarai, amma ya kamata a faɗi gaskiya: ɗan shahararren mai zane ne da ya tafi karatu Amurka da fasfo a aljihu, yana kuma iya komawa ya auna ƙofar gidansu da awo duk ran da ya so. Yarinyar da aka canza wa suna ba ta da adireshin da za ta auna. Kasuwar zane ta Yamma ta fi son kewar gida mai laushi irin ta Suh, haka ma masu kallo suka rungumi Past Lives na Celine Song a 2023, labarin ƙauna tsakanin Seoul da New York. Ban raina ko ɗaya ba, sai dai idan su kaɗai aka sani za a ɗauka cewa duk labarin Koriyawan ƙetare labarin ɗalibai ne da tikitin jirgin sama. Tun 1975 Theresa Hak Kyung Cha ta yi wani gajeren bidiyo, Mouth to Mouth, inda baki kaɗai ake gani yana siffanta wasulan Koriyanci, sauti kuma na ɓacewa cikin ƙarar ruwa da shuu ɗin talabijin. Mahaifiyarta ta tashi a Manchuriya a zamanin da Japanawa suka hana koyar da harshen.

Yanzu gwamnatin Koriya ta Kudu ta karɓi ragamar harkar riƙon yara daga hannun kamfanoni masu zaman kansu tun Yulin 2025, kuma yarjejeniyar Hague kan riƙon yara tsakanin ƙasashe ta fara aiki a kanta ranar 1 ga Oktoban shekarar. Waɗannan matakai na yaran gobe ne. Na jiya kuwa, koke 367 aka shigar gaban hukumar, yawancinsu ta hannun wata ƙungiyar waɗanda aka rena a Denmark, kuma 56 kaɗai rahoton Maris ya tabbatar. Ɗaya daga cikin abubuwan da suka tsayar da sauran shi ne ƙarancin takardu, alhali rashin takardun ko ƙaryar da ke cikinsu shi ne ainihin abin da masu koken suka zo kuka a kai. Da yawansu sun haura shekara 40 ko 50, iyayen da suke nema kuma sun tsufa, idan ma suna raye.